Takardar Wuta da Sunan Mamaci

Ranar da muka kai mahaifina makwancinsa, ƙanensa ya miƙe a ƙofar gida ya yi shelar da aka saba: duk mai bin marigayi bashi ya zo ya faɗa. Mai goro ya zo, tela ya zo, muka sallame su kafin sadakar uku. Inna, wato mahaifiyata, ta sa aka sake shelar a masallacin Juma'a, don ita a wurinta mamacin da ake bi bashi ba ya samun sukuni a kabari.

Abin da ya bar mata na kirki shi ne firigo babba. Da shi take yin ƙanƙara da zoɓo, matan unguwarmu ta Matameye suna sara suna kaiwa tasha. Daga nan cefane ke fitowa, da maganin hawan jininta. Ni malamin makaranta ne, albashina ko gidana ba ya riƙewa.

Bayan ta fita takaba, ma'aikatan kamfanin wuta suka zo suka cire tsohon kwantar, wato akwatin da ke ƙirga wutar lantarkin da ake sha, suka sa sabo. Ba da jimawa ba takarda ta iso. Wai tsohon ya daɗe yana ƙirga ƙasa da abin da ake sha, don haka sun koma shekarun baya sun yi lissafi. Kuɗin ya fi abin da firigon ke kawowa a shekara. A saman takardar kuma sunan mahaifina ne, don shi ya ja wutar.

Raina ya ɓaci ƙwarai. Kwantar nasu ne, su ke zuwa duk wata su karanta, mu kuwa ko taɓa shi ba mu yi. Na je ofishinsu na ce a nuna mini tsohon kwantar, a gwada shi a gabana, a kuma rubuta mini yadda aka yi lissafin. Mai karɓar kuɗi ko kai bai ɗaga ba, ya ce in biya tukuna in yi ƙorafi daga baya, kamar dai dukiyar ubansa ce. Shugaban ofishin ya fi shi mutunci. Ya ce ina da haƙƙin ƙorafi, in rubuta in kai babban ofishi a Damagaram, kuma ba zai sa a yanke mana wuta ba sai amsa ta zo.

Na dawo gida da ƙarfin gwiwa na yi wa Inna bayani. Ta saurara, sannan ta ce, "Sunan wa ke jikin takardar?"

Na ce, "Na Baba ne, amma Inna, ba a tabbatar ba tukuna."

"To shi ake bi ke nan."

Na kai ta wurin limamin unguwa. Malam ya ce in bashin gaskiya ne a biya, in kuwa da shakka babu laifi a jira bincike. Rabin farko kawai ta ji. Ta daina cin abinci sosai, ta rame. Na san ba taurin kai ba ne, tsoro ne take ji wa mijinta, amma hakan bai hana ni jin haushinta ba.

Na tafi Damagaram, aka yi ta yi mini je-ka-ka-dawo, har dai aka karɓi takardata aka buga mata hatimi. Da na dawo na shiga zaure, sai na ga wurin firigon wayam, shatin ƙafafunsa kawai a ƙasa. Ta sayar wa wani ɗan kasuwa daga Kance, ta haɗa da 'yan kunnenta, ta je da ƙafarta ta biya duka. Daga baya amsa ta zo cewa tunda an biya, an rufe magana.

Ban taɓa ɗaga mata murya ba sai ranar da na tarar ta sayar da firigon. Na ce, "Inna, me za ki ci yanzu?"

Ta ce, "Ni ina da rai, zan nema. Shi fa?"

Na nemi a sauya sunan da ke kan takardar, aka ce sai na kawo shaidar rabon gado. Gidan kuwa har yau 'yan'uwan Baba ba su yarda an raba ba, don haka duk wata takarda na zuwa da sunansa. Inna ta koma sayar da ƙuli-ƙuli a ƙofar gida. Ta sa an kwance ƙwan fitilar ɗakinta, fankar ma ta hana a kunna ko da zafin bazara ya kai inda ya kai. In na je gaishe ta bayan magariba, a duhu nake samun ta. In na kai hannu wajen makunnin fitilar tsakar gida sai ta ce, "Bari, kar ka ƙara masa."