Mai Askin da Ya Kulle wa Unguwa Sabis

Ɗaga-Kai ba shi ne sunan da aka raɗa masa ba, amma ko masu wutar lantarki suka zo yanke masa wuta, da wannan sunan suke sallama. A bakin aiki ya samo shi. Tun da wayar hannu ta cika gari, duk wanda ya hau kujerarsa sai ya sunkuya yana latse-latse, shi kuma ya tsaya a baya da injin aski yana cewa, "Ɗaga kai, malam. Ƙeyar na gama, saura gaban." Ya faɗa har maganar ta zama sunansa.

Shagon bai da wani girma. Kujera biyu ce, ɗaya ta karye an tokare ta da bulo, sai benci, da madubi mai tsagewa a kusurwa, da fanka mai ƙara fiye da iska. Bayan shagon akwai ɗakin da yake kwana tun da matarsa ta rasu. A ganinsa aski rabin sana'ar ne, hira ce sauran rabin. Ya san wanda ya kamata ya mulki ƙasa, ya san maganin ciwon baya, ya san dalilin da ya sa auren yanzu ba ya ƙarko. Shekara da shekaru mutane na zuwa a rage musu gashi a ƙara musu ilimi, ba wanda ya isa ya musa, tun da reza na wuyansa. Sai ga wani ɗan abu da bai kai tafin hannu ba ya zo ya kwashe masa jama'a.

Har ɗansa abin ya kwashe. Ɗa ɗaya tilo Allah ya ba shi, kuma hannun yaron ya fi na uban kyau, abin da uban ya sani sarai bai kuma taɓa faɗa ba. Wata rana saurayin yana yi wa wani malamin makaranta gyaran fuska, waya maƙale tsakanin kafaɗa da kunne, aka ba shi dariya daga can, injin ya zame ya tafi da rabin girar malamin. Ɗaga-Kai ya matso. Ya zare wayar daga kunnen ɗansa, ya sake ta a bokitin da ake jiƙa matazai, sannan ya ce a gaban mutane, "Je ka ta ciyar da kai." Yaron ya ajiye injin a hankali, ya fita. Aka ji labarin ya koma wani gari yana aski a shagon wani.

Uban ya ce wa kowa shi kam ya huta. Ya huta har ya rame.

Bayan an daɗe, ƙanwarsa mai sayar da yadi ta ratso gari ta zo, ta zauna a benci tana fifita da gefen mayafi.

"Yaya, yaron nan ya karɓi lambarka a wurina. Zai kira ka."

"Ni na aika a ce ya kira?"

"Ba ka aika ba. Haƙuri zai ba ka. In ya kira, don Allah ka bar shi ya kai ƙarshen maganarsa."

"Ya kira ko kada ya kira, askina nake yi."

Tana fita ya jawo aljihun tebur, ya tono 'yar wayarsa mai maɓallai daga ƙarƙashin tsofaffin rezoji, ya goge ta da tawul, ya sa mata caji, ya ba ta wuri a ƙarƙashin madubi tsakanin hoda da buroshi. Washegari ya kira mai walda ya gyara ƙafar kujera ta biyu. Da aka tambaye shi dalili, ya ce bulon yake so ya yi wani amfani da shi. Shi dai ba zai kira ba, domin a dokarsa uba ba ya fara kiran ɗa. Amma yana son kiran nan fiye da yadda yake son komai a duniya.

Nan ne azabar ta fara. Shagon aski wuri ne da waya ke kuka kamar gidan kaji. Duk wadda ta yi ƙara sai gabansa ya faɗi, ya juya da sauri, ya tarar ta wani ce, ana tambayarsa ko ya sayo sabulu. Sau biyu ya kusa yanke kunnen mutum. Da abin ya ishe shi, ya tsallaka titi wurin mai gyaran waya, wanda ya naɗa wa kansa sunan Injiniya ba tare da ya wahalar da wata makaranta ba.

"Ɗana, babu wani abu da zai sa wayoyin mutane su yi shiru a shagona?"

Injiniya ya leƙa hagu, ya leƙa dama, ya sunkuya ƙarƙashin tebur ya fito da wani baƙin akwati mai eriya tsaye-tsaye, kamar an kife kujerar tsuguno.

"Wannan in ka kunna shi, Baba, sabis sai dai ya bi ta wata unguwar."

"Doka ba ta hana ba?"

"Doka ta hana a gan shi."

Wannan fassarar ta gamsar da Ɗaga-Kai. Abu ɗaya ne ya rage masa, ya yi ta kewaye-kewaye kafin ya fito da shi. "To, tawa fa? Ba wai ina jiran kowa ba ne. Saboda tsaro."

Injiniya ya karɓi 'yar wayar, ya ɗora ta a kan akwatin, ya danna wani maɓalli da ba ya komai, ya runtse ido kamar likita na sauraren ƙirji. "Shi ke nan, na yi mata rajista. Ya san ta. Duk wayar duniya zai tare, taka kaɗai za ta wuce." Ya ƙara da cewa kada a riƙa kashe shi, yana da batir, kashewa da kunnawa ke lalata shi.

Ɗaga-Kai ya binne akwatin a kwandon tawul, ya jona shi ta bayan madubi. Ranar nan ya ga abin da ya daɗe bai gani ba: fuskokin mutane. Kowa ya ɗaga kai ba tare da an roƙe shi ba, har da hannu, ana miƙa waya sama ana neman sabis a jikin silin. Da suka gaji suka ajiye, suka zuba masa ido. Ya gyara murya, ya ɗora daga inda ya tsaya shekarun baya.

Akwatin kuwa bai san iyakar shago ba. Mai kemis na maƙwabta ya koma hawa kujera in zai kira masu kawo masa magani. Mai kanti ya yi ta girgiza na'urar karɓar kuɗinsa, masu saye na ajiye kaya suna tafiya. Matan gidan sama suka riƙa saukowa har bakin babban titi don su gaisa da 'yan uwansu. Aka zagi kamfanin waya, aka zagi gwamnati, aka zagi hadari ko da babu shi. Ɗaga-Kai ne kan gaba wajen zagin. "Ɓarayi ne," in ji shi, yana kaɗe wuyan mutum da tawul ɗin da ya zaro daga kan akwatin. "Ba tsoron Allah a ransu."

'Yar wayarsa tana nan tsakanin hoda da buroshi, shiru kamar an yi mata rasuwa. Yakan ɗauke ta in babu kowa, ya hura mata iska, ya mayar. Da ya lura ƙananan sandunan sabis na saman fuskarta sun ɓace, ya koma wurin Injiniya. "Ai alamar rajistar ke nan, Baba," in ji Injiniya, ko ɗago kai bai yi ba. Ɗaga-Kai ya dawo da kwanciyar hankali game da wayar, da ɓacin rai game da ɗansa. Darasin shago ya sauya, ya koma kan 'ya'yan zamani. "Ka haifi yaro, ka koya masa sana'a, amma ya danna lamba ya ce Baba ina kwana, ya fi ƙarfinsa." Masu jira suna gyaɗa kai, don ba su da wani abin yi. A ransa kuwa abin na cinsa. Yana kewar yaron, kuma ya fara yarda cewa yaron ba ya kewarsa.

Abin da ya tona asiri shi ne wani ƙaramin asibiti da ke bayan layin. An nemi direban motarsu a waya ana da mara lafiya a hannu, aka rasa, sai da aka bi shi da ƙafa. Suka kai ƙara. Wata rana da tsakar rana farar mota ta tsaya a bakin titi, wata jami'a ta hukumar sadarwa ta fito riƙe da wani ƙarfe mai kama da ƙayar kifi, ɗan sanda na biye da ita. Ta bi ƙarfen kamar yana jan ta, ta wuce kemis, ta wuce kanti, ta shigo shagon aski, ta tsaya a kan kwandon tawul.

"Sannu da aiki, Baba. Mene ne a nan ciki?"

"Tawul ne, 'yata."

Ta ɗaga tawul ɗin. Eriyoyin suka miƙe tsaye suna kallon kowa.

"Na ɗumama tawul ne," in ji Ɗaga-Kai.

Ta zare wayar wutar, ta cire batirin. Ba a yi numfashi biyu ba shagon ya kaure, kowace waya a benci ta ɗau kuka lokaci guda, har ta mutumin da ke kan kujera da rabin kai a aske. Mai kemis ya sauko daga kujerarsa ya leƙo. Mai kanti ya zo ya tsaya a ƙofa, ya dubi akwatin, ya dubi mutumin da suka yi ta zagin kamfani tare, ya juya ya koma kantinsa.

Ɗaga-Kai bai ga ko ɗayansu ba. Tasa wayar yake kallo, sandunanta sun dawo reras.

"Wannan ba ta cikin lissafi," ya ce wa jami'ar. "An yi mata rajista. Ya san ta."

Ta fara dariya, sai ta ga fuskarsa, ta haɗiye dariyar. "Baba, wannan abin bai san kowa ba. Wadda ta fi kusa da shi ma ita ya fi kashewa."

A ofis aka karanta masa dokar da bakinta, ba fassarar Injiniya ba. Aka ƙwace akwatin, aka ci shi tara, aka gaya masa shekarunsa ne suka hana a kai maganar kotu. Injiniya da aka kawo shi ya rantse bai taɓa ganin dattijon nan ba, shi da ma gida ake masa aski. Aka ce sai wani ya tsaya wa Ɗaga-Kai kafin ya tafi, ya ba da lambar ƙanwarsa. Ta zo ta sa hannu, suka fito bakin ƙofa, sannan ta juyo ta dube shi.

"Ashe abin da ka yi ke nan. Ni ma na yi ta kira, na ɗauka halin naka ne ya motsa, na ce bari in bar ka ka huce."

"Shi fa?" Muryarsa ta fito 'yar ƙarama.

"Yaron nan ya kira ka har ya gaji, Yaya. Da safe ya kira, da rana ya kira, kullum a ce ba a samun lambar. Abokansa suka ce masa ai toshe shi ka yi. Dawowa yake son yi, har ya haɗa kayansa. Da ya ga haka, ya bi wani mai shago da ke buɗe sabon wuri can nesa. Ya ce min, Goggo, na gane amsarsa, kada ki ƙara kawo min zancen."

Ɗaga-Kai ya buɗe baki zai ce wani abu game da 'ya'yan zamani da rashin haƙurinsu. Ya rufe. Ya miƙa mata 'yar wayar.

"Sa min lambarsa."

"Ba kai ka ce uba ba ya fara kira ba?"

"Sa min, na ce."

Shagon yana nan a buɗe. Wayoyi sun dawo da kukansu, ba mai hana su, darasi kuma an daina. Kujera ta biyu na tsaye da ƙafafunta huɗu, ba mai aiki a kanta. Kwanan baya mai kemis ya huce ya zo aski, aka ɗaura masa ƙyalle a wuya, ya zauna yana jira. Ya jira har ya gaji, ya duba madubi, ya hango mai askin a bayansa ya sunkuya, inji a hannu ɗaya a kashe, ɗaya hannun na danna maɓallai.

"Maigida, ɗaga kai mana, ina da mutane a kemis."

"Yi haƙuri kaɗan," in ji Ɗaga-Kai, ya kai wayar kunne. "Tana shiga yanzu. Ɗauka ce ba a yi."