Ulun Nedyalka da Fatar Jikanta

Duk ƙauyenmu babu ƙafar da ba ta taɓa shiga safar ulun Nedyalka ba. Saƙa ce sana'arta tun tana budurwa, ga ta da kafiya, in ta sa abu a gaba sai ta ga ƙarshensa. Da 'yarta ta tafi neman aiki ƙasar waje, sai ta bar mata ɗanta Plamen, ɗan shekara biyar.

Yaron nan ya ba ta ruwa. A sa masa riga, ihu. A sa masa safa, birgima. Ranar farko ta Maris, da kowa ke ɗaura zaren ulu ja da fari a hannu har sai ya ga shamuwa, malamarsu Donka ta ɗaura masa nasa, ya gantsara mata cizo.

"Inna Nedyalka, ki nema masa wata makaranta," in ji Donka. "Ni dai ba nama ba ce."

"Ke da na saƙa wa hula kina jaririya za ki kore min jika? Ki dakata, sai na ji abin da ke damunsa."

Mu maƙwabta muka ce sangarta ce kawai. Ko kallonmu ba ta yi ba, ta kama hannunsa sai birnin Plovdiv, wurin wata likitar yara. Likitar ta ɗora shi a lilo, ta tambayi yadda ake ƙarewa da shi wajen aski da yankan farce. Ta shafa masa auduga a dantse, ya yi dariya. Ta shafa ulu, ya ƙanƙame jiki yana rawar ɗari.

"Kaka, jikanki ba fitinanne ba ne. Abin da kike ji da laushi, shi kamar ƙaya yake jinsa."

"Har nawa ulun?"

"Naki da na kowa."

Da take ba ni labari, wallahi tausayinta ya kama ni, don duk lokacin sanyi ita ke danne shi ta cusa masa kayan.

Washegari ta kai shi makaranta, su biyu cikin kayan auduga, tana karkarwar sanyi. Ta tsare Donka da bayani har sai da ta ce ya shigo. Ya kai bakin ƙofa, sai ya juyo da gudu ya rungume kakarsa.

"Donka, kin gani?" in ji Nedyalka. "Bai taɓa yi ba. Ashe ba ni yake gudu ba, ulun jikina ne."