Mutuwar Zakiyyu ta Goma Sha Ɗaya

Zakiyyu ɗan Mawashi ya fara wasan kwaikwayo ne a Kusada, kullum shi ne ɓarawon akuyar da ake jibga. Da ya shiga fim, aka gano babu mai iya mutuwa kamarsa: ya zazzaro ido, ya shure ƙafa, 'yan kallo su yi ta dariya.

Ran nan gwaggonsa Hawwa ta gan shi a wayar maƙwabciya an lulluɓe shi, ta fasa kuka. Kafin la'asar an shimfiɗa tabarmin makoki. Sai ga Zakiyyu ya sauko daga babur.

"Wa ya rasu?" ya tambaya.

Maza suka watse, ko takalma ba su ɗauka ba. Gwaggo ta rafka masa muciya, sannan ta rungume shi. Tun daga ranar, ba ya mutuwa sai ya buga mata waya.