Turmi Mai Ruwan Goro

Shekarun baya, lokacin ina koyarwa a wata lakwal, wato makarantar firamare, kusa da garin Sarkin Hausa, aka ɗora mini shirya ankon bikin wata ƙawata. Duk wanda ya san ni ya san ina da iyayi. In ana taro ban riƙe komai ba, sai in ji kamar zazzaɓi zai kama ni. Don haka na karɓa hannu bibbiyu.

Amma asali ba ni ce babbar ƙawa ba. Mu bakwai muka tashi tare da amarya a 'yar majami'ar garinmu, kuma a cikinmu akwai wadda suke kamar hanta da jini. Tun suna yara suka yi alkawari duk wadda ta riga aure, ɗayar ce za ta tsaya a bayanta. Ana saura kaɗan biki, da bazara, sanƙarau ya ɗauke wannan aminiyar. Amarya ta daina ci, ta daina magana, sai dai ta zauna tana kallon bango. Dole aka ɗaga bikin. Da ta samu sauƙi aka sake sa rana bayan girbi, amma dangin ango sun faɗa wa mahaifinta ƙarara cewa in aka ƙara ɗagawa, sun haƙura. Saboda haka muka haɗa baki mu shida da muka rage, ko sunan marigayiyar ba mai ambata a gabanta.

Na tafi kasuwar Tasawa neman atamfa, na zaga har ƙafata ta yi ciwo, ban samu turmi shida iri ɗaya ba. Wani mai shago ya jawo mini zane ɗaya mai launi daban-daban: kore, shuɗi, ja, ruwan hoda, ruwan ƙwai, ruwan toka.

Ya ce, "Madam, ki ɗauki wagga. Ai yanzu haka 'yan birni ka yi, kowa da launinta."

Na ce, "Malam, mu ƙawayen amarya ne, ba bakan gizo ba."

Muna cikin ja-in-ja na hango wani turmi a ƙasan tulin, zanen iri ɗaya amma ruwan goro. Nan dabara ta zo mini. Na ce a yayyanka shi a yi wa kowace riga ado a wuya da hannu, kowace kuma ta samu ɗankwali daga jikinsa, sai a ga abin ya haɗu. Na dawo gida ina yaba wa kaina.

Rabon launin ma sai da aka kai ruwa rana. Wannan ta ce ja yana ƙara mata baƙi, waccan ta ce ruwan toka na tsofaffi ne. A ƙarshe ni na ƙare da ruwan tokan.

A wajenmu ba kowa ke zuwa gun tela a auna ta ba. Mace takan ɗauko tsohuwar rigarta da ta yi mata daidai, ta naɗe a cikin sabon yadin, tela ya bi ta ya yanka. Na buga wa telanmu na Mayahi waya na yi masa bayanin adon wuya, sannan na ba wani ɗan kabu-kabu buhu da nawa turmin da na ruwan goron a ciki, na ce ya bi gida-gida ya karɓi na sauran ya kai.

Da ɗinki ya dawo, ni kaɗai ce a ɗaki da rana tsaka. Na zazzage buhun a kan tabarma. Ba ado a wuyan ko ɗaya, ba ɗankwalin ruwan goro. Raina ya ɓaci, na fara shirya abin da zan faɗa wa tela. Sai na ƙirga. Riguna bakwai. Ta bakwai ruwan goro ce, riga da zane, an ɗinke ta tsaf. A cikinta an naɗe wata tsohuwar riga mai ƙananan furanni, da 'yar ƙuna a hannun dama.

Na san ƙunar nan. Ina wurin ranar da tartsatsi ya faɗa mata muna suyar ƙosan Kirsimeti. Rigar marigayiya ce.

Tsigar jikina ta tashi. Na kira tela.

Ya ce, "Madam, ni abin da na iske shi na ɗinka. Turmi bakwai, rigar gwaji bakwai, kowace cikin nata. Na ce ko kun canza shawara ne. Mi ya faru?"

Na ce ba komai, na kashe wayar. Na daɗe zaune ina kallon rigar, sai a lokacin na tuna marigayiya ba ta da launin da take so kamar ruwan goro. Ni kuwa da na tsaya a shagon nan, ko kusa ban tuna ba.

Abu ɗaya na sani: in amarya ta ga rigar nan, za mu koma gidan jiya. Na ninke ta na sa a can ƙasan akwatina na ƙarfe, na danna kwaɗo, na ɗaure makullin a bakin zanena. Ko mahaifiyata ban gaya wa ba. Sauran ƙawaye na ce musu tela ne ya ɓata yadin adon, suka yi ta tsine masa, bawan Allah.

Ranar biki muka fito kowa da launinta, ba abin da ya haɗa mu sai farin ɗankwali da muka aro wurin matan zumuntar majami'a. Daga gidan su amarya zuwa majami'a akwai 'yar hanya ta cikin gonakin da aka girbe, duk ƙarangiya. Matan zumunta suna gaba suna kaɗa tulu suna waƙa, amarya cikin farar riga, mu a bayanta. Na tsara mu bibbiyu, ni da mai kore muna dab da ita.

Muna cikin tafiya na lura akwai fili tsakaninmu da amarya, daidai tsayuwar mutum ɗaya. Na ƙara sauri in cike shi, sai na ji ƙafata ta ƙi, irin yadda mutum ke ja da baya kada ya taka wa na gabansa zane. Na dubi mai kore, ita ma ta rage tafiya, idonta a ƙasa. Haka muka shiga majami'a. A kan bencinmu ma, da muka gama zama, sai ga wuri a ƙarshe ta wajen amarya, ba wadda ta matsa.

Amarya kuwa ban taɓa ganin ta haka ba tun bazara. Ta amsa wa fasto da murya sarai, ta yi dariya, ta ci abinci. Da yamma, za a sa ta a mota, ta riƙo hannuna ta jawo ni kusa.

Ta ce, "Na gode, ƙawata. Ashe ba ki manta ta ba. Ruwan goron ya yi mata kyau ƙwarai."

Makullin yana nan a bakin zanena, ina jin sanyinsa a cinyata.

Ban jira rabon tuwo ba, na nufi gida da sauran haske. Kwaɗo yana kulle yadda na bar shi. Rigar tana ƙasa, a ninke yadda na ninke ta. Na warware zanen. Bakinsa cike yake da ƙarangiya, da jar ƙasar hanya. Na dubi bakin nawa zanen, haka yake.

Washegari na naɗe kayan na kai wa mahaifiyar marigayiya. Tun kafin in buɗe baki ta ce, "Ni na tsai da yaron kabu-kabun nan, ɗiyata. Na ga turmi guda ba riga cikinai, na sa tata. Ta yi alkawali, ban so a ce ba ta cika ba."

Na ji wani sauƙi ya sauko mini, don ko ba komai an warware mini rabi. Na ce, "To inna, wa ya sa kayan? Akwatina a kulle yake." Na nuna mata bakin zanen.

Ba ta razana ba. Ta shimfiɗa shi a cinyarta, ta fara tsince ƙarangiyar ɗaya bayan ɗaya tana zubawa a faifai.

Ta ce, "Haka take tun tana ƙarama. Na yi faɗa har na gaji, ba ta ɗage zane in tana tafiya."

Yau amarya tana da 'ya'ya uku, ta farin sunan aminiyarta ta ci. Ba mu taɓa tada maganar ba, ni da ita. Na yi ta juya abin a raina shekara da shekaru, ban samu inda zan ajiye shi ba, kuma na daina nema. Abin da ya fi tsaya mini shi ne, mu shida mun yi zaton ɓoye sunan yarinyar nan ne zai warkar da ƙawarmu, ashe abin da take jira kawai a bar mata wurinta a layi.

Har yanzu ana ba ni shirya anko, iyayin bai bar ni ba. Sai dai in buhu ya dawo daga wurin tela, ba na buɗe shi ni kaɗai.