Tsohuwar da Ba Ta Amsawa

Réjeanne Pelchat mai gyaran piyano ce, kuma da wuya a sami coci ko makaranta a yankinmu na Beauce da ba ta taɓa cusa kai cikin piyanonsu tana mita ba. Gajera ce mai faɗin kafaɗa, rarrashi kuwa ba ta san hanyar gidansa ba. In kana rera waƙa ka kauce, ko a wurin jana'iza ne sai ta waiwayo ta harare ka.

Ita ta ƙirƙiro mana Ƙasar Amo. Duk shekara in zafi ya shigo mukan taru a dajin Ovila Grondin mai cike da mapul, itacen da ake dafa ruwansa ya zama zuma, mu sa tufafin da muka ɗinka da kanmu, kowa ya zama wani mutum dabam. Ovila, direban motar 'yan makaranta, shi ne sarki, da rawaninsa na kwali. Ni kuwa mai dafa miyar wake ce, a cikin wasa da wajensa.

A ƙasar tata babu rana, hanya ba ta buɗewa sai da sauti. Ta rataye bututun ƙarfe a itatuwa, kowanne da muryarsa da mai tsaronsa. Sannan ta ƙera Jagora, wani ɗan allo da ake ɗaurawa a ƙirji, an jera masa harsunan ƙarfe da ta yanko daga tsohon zarto. Za a ɗaure maka ido, ka kaɗa harshe ɗaya, mai tsaron bututun da muryarsa ta dace ya buga nasa, kai kuma ka bi sautin. In ka kaɗa wanda bai dace ba, daji ya yi maka shiru, ka ƙare a fadama kana hira da sauro.

Dokarmu ɗaya ce: duk abin da ka gani a dajin nan wasa ne, sai fa in mutum ya ɗora dunƙulen hannu a kansa. Wannan ya fito daga wasa ke nan, maganarsa ta gaske ce. Réjeanne ba ta taɓa ɗorawa ba, cewa take aikin ragwaye ne. Kuma ranar rufewa ita kaɗai ke ƙetare dajin ido a ɗaure, daga bakin rafi zuwa bukkar dafa zumar mapul, mu kuma muna biye da ita tsit. Wannan ƙetarawar ta fi mata komai a duniya.

Wata shekara sai ta daina amsa kira. Ovila ya tsaya a kan kututture ya ƙwala mata: "Ke tsohuwa mai Jagora, sarki na magana!" Ta wuce abinta ko waiwaye babu. Wurin ya kaure da shewa.

"Kai, matar nan ta iya!" in ji Ovila, yana riƙe da tumbinsa. "Kun ga yadda ta mai da ni bango?"

Kafin miyata ta nuna, har an ƙaga labari: wai maƙeriyar Jagora ta yi rantsuwa ba za ta ƙara amsa wa mai rawani ba. A ƙarshen taron muka ba ta gwangwanin zuma, kyautar wadda ta fi kowa iya wasa. Ta karɓa fuska a ɗaure, muka ce har yanzu ba ta fito daga wasan ba. Da shekara ta zagayo na same ta a bayan madafa tana gyara Jagora, ta ciji gefen allon da haƙora tana kaɗa harsunan. Na ce a raina, wata sabuwar tsiyar ce tsohuwa ta ƙaro wa labarin.

Ranar rufewa aka ɗaure mata ido a bakin rafi. Ta kaɗa, bututu ya amsa daga hagu, ita kuwa ta miƙe dama. Mutane suka fara taɓa juna cikin murna, wai ta gano ɓoyayyar hanya. Haka muka bi ta muna jin daɗi, har ta shiga fadama, taɓo ya kai mata gwiwa. Ta tsaya. Ta zare ƙyallen idonta, ta ɗaga hannu ta dunƙule, ta ɗora a kanta.

"Ba na ji," ta ce. "Ba wasa ba ne, sakarkaru. Kunnen hagu ya daɗe da tafiya, na dama ma yana haɗa kaya."

Tausayinta ya kama ni, har na kasa haɗa ido da kowa. Ovila ya ɗora nasa dunƙulen a kan rawani, ya matso inda za ta ga bakinsa.

"Réjeanne, ashe kyauta muka ba ki a kan..."

"Na shanye ta, ba ta dawo da kunne ba."

"To ki fito ki huta. Bana wani ya ƙetare, ba abin kunya ba ne."

"Wani wa? Kai? Kai da ko ƙahon motarka ba ka iya busawa daidai ba?"

Ta sauke hannunta daga kai, ta koma cikin wasa ke nan. Ta ja madaurin Jagora ta tamke, allon ya manne da ƙashin ƙirjinta. Ta kaɗa harsunan ɗaya bayan ɗaya tana kiran sunan itacen kowanne, ba ta kuskure ba, domin a jikinta take jin su. Sannan ta ɗaga murya irin ta masu shela: "Ku saurara, mutanen Amo! Daga yau ba mai ƙetare dajin nan shi kaɗai. Ɗaya ya ɗauki murya, ɗaya ya ɗauki kunne. Ni ina da murya. Wa zai ara mini kunne?" Kafin kowa ya motsa ta nuna Ovila. "Kai mai tumbi, naka manya ne, kuma ba ka taɓa amfani da su ba."

Ovila ya miƙo mini rawaninsa, ya shiga taɓon da takalmansa. Aka ɗaure musu ido su biyu, ya dafa kafaɗunta ta baya. Ita ta kaɗa, bututu ya amsa, shi ya matsa kafaɗar da ke wajen sautin, ta juya. Sun yi karo da itace, ta zage Ovila tas, suka ci gaba. Haka suke yi har yau, kuma sababbin 'yan wasa sun ɗauka tun asali da mutum biyu ake ƙetarewa.

Amma ni ranar farkon nake tunawa. Da hannunta ya taɓa ƙofar bukkar, Ovila ya sunkuya yana ta zuba mata magana daga baya: ba a taɓa yin mace irinta ba, su yafe wa juna, shi jaki ne. Ba ta motsa ba. Sai ya tuna ba ta jin sa, ya matsa kafaɗunta duka biyu, ya riƙe.

"Na ji," in ji Réjeanne.