Gidan da Ba a Yi wa Ƙofar Baya Ba

Ranar Litinin aka fasa bangon bayan gidan, ranar Juma'a aka sallami Cleophus Wardlaw.

Shekara arba'in da ɗaya yana kula da gidan tarihi na Amos Kirkwell a bakin kogin Ohio, a Amurka. Da sassafe zai share matakala, ya goge marfin ƙofa, ya wangale ta, sannan ya sha shayinsa a tsaye. Kirkwell bawa ne da ya tsere, ya ƙarar da ransa wajen yaƙi da cinikin mutane. Da ya tashi gini bai yi ƙofar baya ba, don ta nan ake shigar da baƙar fata gidajen Turawa, tare da itace da gawayi. A gidansa kowa ta gaba, gwamna da mai wanki.

Masu digiri sun rubuta littafi tara a kan gidan. Na karanta su kaf, babu wanda ya lura da bangon bayan nan marar ƙofa. Cleophus ne ke zagayawa da baƙi ya ce, "To, ku nemo min ƙofa. Wanda ya samu, hulata tasa ce." Matata Odessa, kafin ciwo ya ɗauke ta, a keken marasa lafiya ta zo. Matakala bakwai ce. Ya kira masu aikin lambu suka ɗaga ta da keken. "'Yar'uwa, riƙe da kyau," in ji shi, "yau ke ce sarauniya."

Sai sabon kwamiti ya gano cewa takalman baƙi na cinye katakon zaure.

"Baba Cleophus," in ji shugabarsu, Uwargida Dunlap, "ƙofar gaba ta manyan baƙi ce daga yau. Sauran jama'a ta baya."

"Ranki ya daɗe, kunnenki ya ji abin da bakinki ya faɗa kuwa?"

"Gyara ne kawai, Baba."

Ya ƙi miƙa makullin shingen baya. Suka yanke kwaɗon, suka shigo da magina su huda ƙofa a bangon.

Kai ne ka tsare bangon da ko harafi babu a jikinsa, alhali ya fi littattafan nan tara magana. Mun gode, Cleophus. Duk wanda aka ba amana, ya zo ya koyi taurin kai a wurinka.

A walimar sallama suka ba shi agogo da minti biyu na magana. Ya miƙe yana warware takarda, shugabar ta fara tafi, kowa ya bi, har ya koma ya zauna. Ina kusa da shi, na ga abin da ya rubuta: "Uwata ta shekara talatin tana wanki a garin nan. Wannan ce kaɗai ƙofar gaba da ta taɓa shiga."