Haradhan Mai Neman Bado a Cikin Gawa

Shekara talatin da ɗaya Haradhan Dom yana tsaga gawa a asibitin garinmu. Likita na tsaye can nesa da hankici a hanci, shi ke tsagawa, shi ke ɗinkewa, kamar yadda ubansa ya yi. Ni mai shayi ce a bakin ƙofar asibitin, kuma kofinsa daban nake ajiyewa, kamar yadda kowa ke yi wa Dom, zuriyar masu aikin gawa da ake ƙyama.

Tun yana saurayi ya kama ƙafar Baba Nitai, mai zama a wurin ƙona gawa na Tarapith. Baba ya koya masa cewa furen bado shida ne jere a kashin bayan mutum, su ne cakra, ga macijiya naɗe tana barci a ƙarƙashinsu. Wanda ya tashe ta da numfashi ta ratsa su har tsakar ka, ya huta da dawowa duniya. Haradhan kuwa ba abin da yake tsoro kamar a sake haifarsa Dom.

Da asuba ya zauna jan numfashi, da rana ya leƙa cikin gawarwakin mutane. Ni kuma bakina ba ya shiru.

"Yaya Haru, yau ka tsinko mana furen?"

"Zuba shayi, uwar surutu. Baba ya ce na gama-gari a tsuke suke, ido ba ya kama su. Sai na wanda ya sha aiki."

Bara babbar mota ta buge Baba. 'Yan sanda suka ce sai an duba gawar. Likita ya so a kira wani, Haradhan ya ce ba hannun da zai taɓa ubangidansa sai nasa.

Mabiyan Baba suka cika rumfata suna jira. Da ya fito suka yi masa caa.

"Duk shida," in ji shi. "A buɗe."

Suka fashe da kuka, suka ɗauki gawar suna kirari. Da suka watse ya zauna kusa da ni.

"Hanta ce da giya ta cinye, ƙanwata, sai shinkafar jiya. Har lalubawa na yi, babu fure ko ɗaya."

Tausayinsa ya kama ni. Na ce ai na ji ana cewa furannin ba na tsoka ba ne.

"Na sani," ya ce. "Ni dai na so in gani."

Yanzu mabiyan sun ɗora shi a kan tabarmar Baba, tunda shi ya gani da idonsa. Kowace asuba yana koya musu jan numfashi. Shi kansa dai ya daina yi.